Shirun Ɗakin Dutsen Kura

Mun tashi da asuba daga Kaduna, ni da abokin aikina, za mu karɓo kiɗan ƙarshen fim ɗinmu wurin wani dattijo a Minna. Hanya lafiya lau har mahaɗar Dikko. Daga nan ramuka da tankokin mai suka karɓe mu, har na ji hanjina na neman sauya mazauni. A Lambata muka ci soyayyar doya da yaji, araha kamar daga gonar gidanku. Abokina ya ci, ya kuma ƙulle ta guzuri, wai don tsaro.

Kafin azahar a-daidaita-sahu ya sauke mu a unguwar Dutsen Kura, cikin Minna. Dattijon ɗan Gbagyi ne, a coci ya koyi piyano tun yana saurayi, daga baya ya koma yi wa finafinai kiɗa. Salonsa daban ne. Sai ya naɗi sautin taɓarya, da kukan ƙyaure, da iska a bakin tulu, ya saƙa su ƙarƙashin sarewa. Wurin mutuwa a fim kuwa matarsa ce ke rera masa, baki rufe, ba kalma ko ɗaya. Bara ta rasu.

Kiɗanmu bai kammala ba, ya kuma faɗa mana dalili. Al'adarsa ce ya naɗi shirun ɗakin da ba kowa, ya shimfiɗa kiɗa a kai. Wannan karon shirun ɗakin marigayiyar ya naɗa, da rana tsaka, ƙofa a kulle. Da ya saurara, sai ya ji tana rerawa. Likita kuma ya riga ya gaya masa kunnuwansa sun fara yaudararsa.

"Ɗana, saurara mini," in ji shi, ya miƙo mini abin sawa a kunne. "In kai ma ka ji shi, kunnena yana nan. In babu komai, na gama aiki ke nan."

Na sa. Da farko huci kawai. Can ƙasa sai ga muryar mace, siririya, tana jan numfashi tsakanin gaɓa da gaɓa, kusa da ni kamar a bayan wuyana take. Wallahi tsoro na ji, irin wanda ban taɓa ji ba.

"Baba, ban ji komai ba," na ce.

Ya gyaɗa kai, ya goge naɗin a gabanmu, ya lulluɓe piyanon da zane. Ya ba mu abin da ya samu na kiɗan, ya ce mu nemi mai kunne ya ƙarasa. Har bakin titi ya rako mu yana sa mana albarka.

Abokina ya yi barcinsa tun daga Paiko, ni kuwa idona biyu har muka shiga Kaduna. Abin da tafiyar nan ta koya mini shi ne matsoraci bai dace da shaida ba. Kunnen Baba lafiyarsa ƙalau, ni na sani, shi kuwa ya ajiye sana'arsa a kan maganata.