Tsintsiyar Mama da Koriyar Wuta

Tun ranar da na ɗora sola a rufin gidanmu na Fadan Kaje, Mama ta daina kirana da sunana. Injiniya take ce mini, ko a zumuntar mata ta coci haka take faɗa. Ban yi jami'a ba, a wani shago a Kafanchan na koyi aikin, amma sunan ya zauna mini daram, kuma ba na ɓoyewa, ina jin daɗinsa.

Sai ga ƙanena ya dawo hutun Kirsimeti daga jami'a da tarkace cike da kwali: kwalabe, siraran tiyo, da wata farfela da ya kafa kan gora a bayan kicin. Wai da wutar rana da ta iska zai raba ruwa gida biyu, ya fitar da gas na girki, haidirojin, irin wanda ake ce wa kore. Na ce, "Raba ruwa? To, sannu Annabi Musa." Na ara masa farantin sola ɗaya, har na haɗa masa wayoyin da hannuna, don in ga inda ƙarya za ta ƙare.

Mama kuwa kalmar kore kawai ta riƙe. Ta bi maƙwabta ta ce su zo su ga koriyar wuta. Da rana tsaka mata suka cika tsakar gida. Ƙanena ya buɗe gas, ya ƙyasta ashana, muka ji fuf, ba mu ga komai ba. Mama ta leƙa ta ce, "Ina kore ɗin? Wuta bai kama ba." Allah ya sani, raina ya yi fari tas. Ƙanena yana ta bayani wai kore ba kala ba ne, ana nufin ba a ƙona mai wajen yin sa, ni kuwa ina dariya har da riƙe ciki.

Sai ya ce, "Mama, miƙo tsintsiyarki nan, wutar ba a ganinta da rana." Ta miƙa, bakin tsintsiyar ya kama da wuta. Ta ce, "Yesu!" Mata suka ɗauki guɗa. Da aka ɗora tukunya, ƙwai ɗaya fa abin ya dafa, ɗaya tak! Ni da na shekara da shekaru ina haska gidan nan, ko guɗar rabin baki ba a taɓa yi mini ba. Kishi ya cika ni har wuya, na ƙi cin ƙwan da aka gutsuro mini.

Da yamma ina kan tsani ina kwance farantina, na ji ta ƙwala kira, "Injiniya!" Na ce, "Na'am, Mama," har na fara saukowa. Ta ɗaga kai ta dube ni.

"Ba kai ba, ƙanenka. Kai kuma bar masa abin nan a wurin, yana aiki da shi."