Takunkumin ɗan maraƙi

Da ana iya mayar da magana cikin baki, da na mayar da wadda na faɗa wa maƙwabcina a farkon zuwan korona.

Mutumin Kaltungo ne, Kirista, ma'aikacin ɗakin gwajin jini a wani asibiti. Shekara goma sha ɗaya katangarmu ɗaya a unguwar Madaki. Shi ya kai matata asibiti a motarsa ranar da ta haifi autanmu.

Wata la'asar ya zo majalisarmu da ƙyallayen rufe baki da hanci da ya sa tela ya ɗinka. Ya ce, "Baba Alhaji, kai ne babba, in ka sa takunkumin nan kowa zai sa."

Ni a ruga na tashi. A wurinmu ɗan maraƙi ake ɗaura wa takunkumi don kada ya shanye nonon uwarsa. Na ce, "Malam, duba mu da kyau. Wa ka gani a nan yana bin saniya?" Majalisa ta fashe da dariya.

Bai yi fushi ba. Ya ce cutar sabuwa ce, su ma koyonta suke yi, abin da aka sani yau gobe yana iya canzawa. Na ce, "To kun ji, shi ma bai sani ba."

Daga ranar nan sunansa ya koma Mai Maraƙi. Sai zancen ya wuce wasa. Aka ce duk wanda ya gwada sai ya ce yana da cutar. Mata suka daina sayen kunun matarsa. Na san ƙarya ce, amma na yi shiru, don ina jin daɗin yadda ake maimaita maganata. Kafin damina ta ƙare ya kwashe iyalinsa ya koma unguwar Tumfure.

Sai da na yi shekara biyu kafin na hau keke na je neman gafararsa. Ya ba ni kujera, ya kawo ruwa, ya ce, "Ya wuce, Baba." Matarsa ta gaishe ni daga bayan labule, ba ta fito ba. Ban ga laifinta ba.

Roƙona ga mai karanta wannan: in wani ya zo muku da abin da ya sani, har ya faɗi iyakar saninsa, ku saurare shi. Kada ku kunyata shi don a yi muku dariya, kamar yadda na yi.