Takardun da Na Karanta wa Yayana

A shekarar da sojoji suka miƙa mulki ga farar hula, ruwan sama ya kayar da bangon ɗakin marigayi kakanmu a Ƙofar Durbi. Muna kwashe kaya muka tarar da wata jakar fata cike da takardu, sun yi jawur don tsufa, gara ta ci gefensu. Rubutun ajami ne, amma ba hannun kaka ba ne, ya girme shi nesa ba kusa ba. A gidanmu ni kaɗai na iya karanta irinsa, don kaka ya koya mini tun ina budurwa, kafin in zama malamar firamare.

Yayana mai gyaran rediyo ne, shagonsa na Ƙofar Kwaya. Shi ya matsa in karanta masa, sai ya riƙa zuwa duk Juma'a bayan an sauko daga masallaci. Abin da ke cikin takardun ba na addini ba ne. Labarin wata ƙasa ne da babu rana babu wata, mutanenta da kunne suke gane hanya. Komai a can yana da amonsa, har dutse da rijiya. Malamansu da murya suke gina ganuwa, da busa suke kwantar da zazzaɓi. Takarda ta ƙarshe ta ce akwai wani siririn amo da ake kiran mutum da shi, wanda ya fara jinsa an zaɓe shi, kada ya yarda kowa ya toshe masa kunne. Daga nan gara ta cinye sauran.

Ni tatsuniya na ɗauke shi. Wata Juma'a sai Yaya ya ce, "Ƙanwata, sake karanta mini wurin nan."

"Yaya, ai sau uku ke nan."

"Ina jinsa ne. A kunnen hagu, tun kafin azumi."

Na yi dariya. Har yau dariyar nan tana damuna.

Bayan wata biyu matarsa ta same ni a makaranta. Ta ce ya daina aiki. A gari duk an ɗokanta da jin labarin sabuwar gwamnati, mutane na ta kawo rediyo, shi kuwa sai ya jera su ya zauna shiru, kansa a karkace. Ta ce da safe tana ganin mugunya a matashinsa, kuma yana tangaɗi in ya miƙe.

Na je shagon na ce ya tashi mu tafi asibiti.

"Likita toshe shi zai yi," ya ce. "Ba da bakinki kika karanta ba?"

Da na rasa dabara sai na yi masa ƙarya. Na ce na samo wata takarda a ƙasan jakar, ta ce wanda aka zaɓa ya fara neman magani. Bai iya ajami ba, amma ya san yawan takardun. Ya dube ni ya ce, "Ashirin da uku ne. Na ƙirga tun ranar farko." Kawunmu, wanda malami ne, ya yi masa faɗa, ya ce shirme ne, a ƙona takardun. Yaya ya ɗauke jakar ya ɓoye.

Wata rana da la'asar maƙwabtan shagonsa suka tsince shi a ƙasa, jikinsa zafi rau. A asibiti likita ya ce ciwon kunne ne ya ci ya ci har ya kai ƙwaƙwalwa, da an kawo shi da wuri da allura da ƙwayoyi sun wadatar. Kwanansa tara. Sau ɗaya ya farfaɗo ya gane ni, ya tambaya ko yara sun ci abinci, ban ji ya ambaci amon ba. Ya rasu ranar Laraba da hantsi.

Da matarsa ta gama takaba ta koma gidansu a Batagarawa da 'ya'yansu uku. Ba ta taɓa cewa laifina ba ne. Ina zuwa duk sallah, mu gaisa, ta tambayi mutan gida ɗaya bayan ɗaya, ta kawo mini ruwa. In gaisuwa ta ƙare sai mu zauna, kowa na kallon tabarma, har in ce zan tafi.