Kujerar da ke gefena

Shekara huɗu ke nan ina gadin gidan wani Alhaji kusa da Regent's Park, a nan ƙasar Turawa. Iyalinsa sai da hutun makaranta suke zuwa. Sauran watannin ni kaɗai ne, ina shara, ina duba famfo da gas. Kowace ƙofa sau biyu nake murɗa ta kafin hankalina ya kwanta.

Turancina na firamare ne. Idan ana raha da shi, sai na kalli fuskokin mutane kafin in yi dariya, kullum a makare. Daga baya na daina gaba ɗaya, don kada wata rana in yi wa abin baƙin ciki dariya.

'Yar ƙanwata, mai aikin jinya a Abbey Wood, ita ta ce, "Kawu, na yi maka booking, na kama maka kujera. Council, hukumar unguwa, na nuna wa tsofaffi finafinan da can, Asabar bayan Azahar. Ba a magana a ciki, ba abin da zai wuce ka."

Na je. Fim ɗin gajere ne, baƙi da fari, wata mata na kaɗa fiyano a gefe. Wani siririn ma'aikacin gidan abinci ya ɗauko farantai jibge har sun wuce kansa, ga ƙasa jiƙe da ruwan sabulu. Kowa na dariya. Ni kuwa ina tunanin abin da zai gaya wa maigidansa. Ban san lokacin da na ce, "A hankali, bawan Allah," da ƙarfi ba.

Wani dattijon Bature a gefena ya juyo. Na ce a raina shi ke nan, na yi abin kunya. Sai ya miƙa hannu biyu kamar zai tare farantan, yana karkarwa. Ma'aikacin da ke cikin fim ɗin ya zame, ya ratsa ɗakin a tsaye, ko ɗaya bai faɗi ba. Sai da ya tsaya cak ya yi atishawa, duka suka zube. Tare muka fashe da dariya, ban jira fuskar kowa ba.

Da aka tashi ya yi mini doguwar magana. Ban gane ba, na kuma ji nauyin in ce ya maimaita, sai na gyaɗa kai. Wataƙila ranar da zai dawo ya faɗa mini, wataƙila sallama ce.

Na koma Asabar uku a jere, ina ɗora lemata a kujerar da ke gefena ko dattijon zai zo. A ta huɗu wata mata ta nuna kujerar. Na waiga ƙofa sau biyu, sannan na ɗauke lemar.