Damata da Likkafanin Baban Shifa

Duk wanda ya ce muku Damata tela mace ce mai taurin zuciya, ku turo mini shi. Shekara goma sha tara muna gida ɗaya da ita a unguwar Maamobi cikin Accra, ƙofar ɗakina na kallon tata, famfo ɗaya muke bin layi, don haka abin da zan faɗa ba ji na yi a bakin 'yan gulma ba. Ni ce Zuhura mai koko da ƙosai a bakin titin Nima. Kuma ranar da ta yi abin da har yau wasu ke zaginta a kai, ni na riƙe mata bakin yadin.

Damata 'yar ƙabilar Dagomba ce daga wani ƙauye kusa da Yendi, can arewa. Ta sauka Accra tana 'yar shekara sha bakwai, ta shiga kayayo, wato dako a ka. Kwana a Old Fadama, yini a kasuwar Agbogbloshie. Shekara huɗu tana ɗaukar doya da albasa a babban kwano har gashin tsakar kanta ya zube, kuma bai sake tsirowa ba. Daga nan ta koyi ɗinki wurin wata 'yar ƙabilar Kotokoli a Nima, ta samu keken ƙafa, ta kafa shi a barandar gidanmu. Ba ta da yawan magana, ni kuwa Allah ya ba ni baki, shi ya sa muka jitu. Ba ta zubar da ƙyalle, ko da faɗin tafin hannu ne, sai ta cusa shi a buhu ta ce wata rana.

Mijinta Musah mai albasa ne a rumfar 'yan Bawku, can Agbogbloshie, inda suka haɗu tana yi masa dako. 'Ya ɗaya Allah ya ba su, Shifa, tana aure a Kumasi, don haka kowa Baban Shifa yake ce masa. Mutumin kirki ne, amma taurin kai kam ba a magana. Ga ciwon fuka da ya samo daga hayaƙin wayoyin da ake ƙonawa a bayan kasuwar. In ya tashi masa, daga ɗakina nake jin ƙirjinsa na kuka.

Baban Shifa bai taɓa zuwa Makka ba, ya kuma san ba zai je ba. Abin da ya iya shi ne, wata shekara da Hajiya Awabu maƙwabciyarmu za ta tafi aikin hajji, ya sayi farin alawayyo yadi goma sha biyu ya ba ta. Ta tsoma masa shi a ruwan Zamzam, ta shanya, ta dawo da shi. Likkafaninsa ke nan. Ya ninke shi a ƙasan akwatin ƙarfe, ya sa kafur. Duk Juma'a sai ya buɗe ya duba, yana cewa in ƙafarsa ba ta je ba, ai rigarsa ta ƙarshe ta je. Na sha tsokanarsa cewa ya fi kula da yadin nan a kan matarsa, sai ya yi dariya har tari ya sarƙe shi.

Sai ga korona. Aka rufe masallatai, aka kulle Accra mako uku, amma aka bar masu kayan abinci su fita. Albasa kuwa abinci ce. Kullum da sassafe Baban Shifa zai kama hanyar kasuwa, ya yini kafaɗa da kafaɗa da direbobi da 'yan dako, wannan ya yi tari, wancan ya yi atishawa a kan buhu. A rediyo kuwa ba abin da ake maimaitawa sai cewa cutar nan masu ciwon ƙirji take fara ɗauka. Damata ta roƙe shi ya zauna a gida, ya ce albasa ba ta jiran kulle, ruɓewa take. Na ga matar nan ta rame a kwana goma saboda tsoro.

Sai ta juye buhun ƙyallenta ta fara ɗinka takunkumin fuska. Wata nas da ke haya a bayanmu ta nuna mata: yadin auduga ninki uku, a yi masa lanƙwasa don ya rufe hanci har haɓa. Roba ta ƙare a gari, shagunan yadi duk a rufe, sai ta riƙa tsaga igiya daga ƙyallen a ɗaura a ƙeya. Hakan ma ya fi wa mata daɗi, don ba sai sun ɗaga hijabi suna laluben kunne ba. Matan layinmu duk suka samu, ta kuma ba 'yan kayayo masu wucewa kyauta, ta ce ta san nauyin kwanon.

Maza fa? Hmm. Ta ɗinka wa Baban Shifa guda daga ragowar atamfa mai furanni ja da ɗorawa. Ya ɗaura don ta rabu da shi, ya tafi. Da yamma ya dawo da shi a aljihu, fuska a ɗaure. Wai 'yan rumfa sun yi masa dariya, suna tambayar wace amarya ce ya yago wa zani. Ya rantse ba zai sake ɗaura zanin mata a baki ba. Na ce masa, gemu fari fat amma dariyar masu albasa yake tsoro fiye da kabari? Ya ce in je in ji da kokona.

Damata kuwa na san tana ta tufka da warwara. Nas ɗin ta gaya mata cewa ko ya ɗaura shi kaɗai, amfanin kaɗan ne, sai masu tari a gefensa sun rufe nasu bakin. Su kuwa sun kai mutum talatin, kuma babu mai yarda da fure. Ta duba ɗakinta, ta duba nawa. Jallabiyarsa ta Juma'a roba-roba ce, in ka kara ta a hanci numfashi ba ya wucewa. Zannuwan gado duk masu zane ne. Farin yadin auduga tsantsa guda ɗaya ne a gidan nan, kuma dukkanmu mun san inda yake.

Ranar Talata da hantsi, bayan ya fita, ta kira ni ɗakinta. Na tarar da akwatin a buɗe, warin kafur ya cika ɗakin, ga almakashi a hannunta. Na ce mata ta haukace ne, wannan ai ba yadi ba ne, guzurin lahirar mutum ne, in ta taɓa shi aurenta ya mutu. Na ce ba da ni ba, wallahi. Ta bar ni na gama sababina, sannan ta miƙo mini bakin yadin.

"Zuhura, riƙe mini, kada ya karkace."

Na riƙe. Ina kuka ina zaginta na riƙe. Ta yi bismilla ta sa almakashi. Yini guda kekenta bai huta ba, ni kuma na bar kokona ina juya mata abin da ta ɗinka ina gogewa da dutsen guga na gawayi. Ta tsaga igiyoyi daga gefen yadin. Kafin la'asar mun tara sittin da wani abu, kowane mutum biyu, ya wanke ɗaya ya ɗaura ɗaya. Na ga ta naɗe wani ɗan abu ta cusa a ƙasan buhun ƙyalle, ban tambaye ta ba, hankalina na kan dawowar maigidan.

Da ya dawo ta miƙa masa guda, fari tas. Ya juya shi, ya ce yauwa, ga abin maza. Ya kai hanci zai ɗaura, sai hannunsa ya tsaya. Kafur ne ya tona mu. Ya shiga ɗaki, muka ji ƙarar murfin akwati. Ya fito a hankali, idanunsa sun yi ja, bai ko dube ni ba.

"Damata, da me za a naɗe ni?"

"Baban Shifa, ni ban shirya naɗe ka ba."

Iyakar abin da suka faɗa ke nan. Na yi zaton zai kore ta a ranar, na ma fara tunanin inda zan shimfiɗa mata tabarma a ɗakina. Bai kore ta ba, amma abin da ya yi ya fi kora ciwo. Ya daina yi mata magana. Azumi ya kama, tana ajiye masa abin buɗa baki, yana ci yana tashi ba sannu. Labari ya bazu a Maamobi, mata suna zunɗenta wai ta yanka likkafanin mijinta da ransa, wasu har suka kwashe ɗinkin sallarsu daga wurinta. Na yi faɗa da mutum uku a bakin famfo a kan maganar nan, kuma ban yi nadama ba.

Sai dai ya ɗaura takunkumin. Yadin da ya sha Zamzam ba a jefar da shi, ba a kuma cusa shi a aljihu tare da goro. Ya ɗauki ledar da muka zuba sauran a ciki ya kai rumfa, ya gaya musu ko mene ne, a fusace, don su taya shi jin haushi. Waɗanda suka yi masa dariya jiya sai ga su suna rububi. Wani tsohon direba ma sai da ya yi alwala kafin ya karɓi nasa. Ni ba na ce yadi ya yi wata karama ba, kada a ƙara mini magana. Mutum biyu a rumfar sun kwanta, ɗaya har asibiti. Abin da na sani shi ne masu tari sun rufe baki, kuma Baban Shifa ya fita shekarar nan da numfashinsa.

Ana saura kwana biyu sallah ya dawo da 'yar kwalbar man keke, ya ajiye kusa da ƙafarta, ya ce keken na ƙara, yana hana shi barcin rana. Daga nan magana ta dawo. Bai taɓa cewa ya yafe ba, ita ma ba ta taɓa cewa ya yi haƙuri ba. Amma na lura ya daina buɗe akwatin ranar Juma'a, ita kuma duk Juma'a sai ta ƙi haɗa ido da shi. Abin na cin ta, na sani, don ta taɓa gaya mini tana tsoron ranar da za a tambaye ta ina likkafanin yake.

Shekara huɗu ya ƙara. Ya ga an mayar da kasuwar albasa bayan gari, ya ga Shifa ta haifi namiji an sa masa sunansa, ya goya jikan a kafaɗa yana zagaya tsakar gida yana haki. A damina ta biyar fukar ta tashi ba ta kwanta ba. Ya cika da safe bayan ruwa ya ɗauke, kansa a cinyar Damata.

Abokansa na rumfa suka zo da sabon alawayyo daga kasuwa, fari mai kyau, amma bai je ko'ina ba. Masu wanka suka gama, suka nemi almakashi za su tsaga igiyoyin ɗauri daga gefensa, na kai da na tsakiya da na ƙafa, kamar yadda aka saba. Sai Damata ta tashi daga cikin mata, ta je baranda, ta juye buhun ƙyallenta a ƙasa. Daga can ƙasa ta ɗauko ɗan ƙullin da na ga ta ɓoye ranar Talatar nan. Igiyoyi uku ne dogaye, har lokacin suna warin kafur. Ta ba liman a bakin ƙofa.

"Malam, a ɗaure shi da waɗannan. Sun je Makka. Iyakar abin da na rage masa ke nan."

Liman ya karɓa da hannu biyu. Ni kam fita na yi bayan gida, don kukan da ya zo mini ba na cikin mutane ba ne.

Tana nan har yanzu a baranda da kekenta, ido ya fara rauni, ni nake sa mata zare a allura in na dawo daga koko. Kwalbar man tana kan taga, ta ƙare tuntuni, ba ta yarda a jefar ba.