Wasan Ƙwallo a Kwamfutar Shagona

A ƙarshen shekarun casa'in ina da ɗan shagon buga takardu a Gumel, da wata tsohuwar kwamfuta da na sayo a Kano. Maƙwabcina wani ma'aikacin gona ne ɗan Filato, Kirista, da aka turo aiki Sule Tankarkar amma yake zaune a Gumel. Iyalinsa na can gida, don haka abokin hirarsa bayan aiki shi ne wani injin wasa na haɗawa da talabijin da ya saya a kasuwar Maigatari, wajen wani ɗan Damagaram. Faifan ƙwallon ƙafa ɗaya gare shi, kuma ba ya gajiya da shi.

Wata rana aka kawo wuta da ƙarfi, injin ya ƙone. Ya shigo shagona riƙe da faifan, ya zauna kan benci.

"Malam, wannan abin naka ba zai iya ba?" Ya nuna kwamfutar.

Na ce, "Oga, ban taɓa gani ba, amma a ba ni lokaci."

Da na je Kano sayen tawada, wani mai gyaran kwamfuta ya ba ni manhajar da ke sa kwamfuta ta kwaikwayi injin wasa. Ya gargaɗe ni cewa faifan ya sha karce, sai na kwafe shi gaba ɗaya cikin kwamfuta kafin ya mutu.

Nan ne aikin ya tsaya mini. Cikin kwamfutata ƙarami ne, wasan ya fi wurin da ya rage. Na matse shi da manhajar matse fayil, ya ragu, amma bai shiga ba. Na share duk abin da zan iya sharewa, har yanzu da saura. Sai na lura kiɗa da ihun 'yan kallo ne suka cinye wuri. Na cire su, na sake matsewa. Ya shiga.

Ranar Asabar da la'asar na tayar da janareta, na aika a kira maƙwabcin nawa. Na kunna wasan, allon ya yi baƙi. Can sai ga koren fili, ga 'yan wasa suna gudu.

Ya miƙe tsaye. "Kai! Su ne! Malam, ka dawo mini da su!"

Na ce, "Sai dai babu murya."

Bai ko ji ni ba, ya riga ya ja kujera. 'Yan acaɓan da ke tsayawa bakin shagon suka cika taga. Da suka ga wasan shiru, ɗayansu ya fara sharhi irin na rediyo, sauran suka zama 'yan kallo. Da maƙwabcina ya zura ƙwallo, ihunsu ya sa mai shayin tsallaken titi ya rugo a guje, yana zaton faɗa ake.

Daga ranar, duk Asabar shagona ba ya buga takarda. Kafin a mayar da maƙwabcin nawa Filato, sai da ya koya mini wasan har na ci shi.