Gyarar Nata'ala

Shagon Nata'ala yana jikin nawa a unguwar Zariya. Ni ina ɗinki, shi yana tura wa mutane waƙoƙi da fina-finai a salula, yau shekara tara. Ya baro Jiratawa ne wai bayansa ba ya jure ban ruwan zogala. Mu dai mun san son jiki ne.

Yana da wata al'ada da ta tara masa jama'a. Duk wanda ya kawo katin salula, sai ya kwashe gajerun bidiyon da ke ciki ya zuba a ordinatarsa, wato kwamfuta, cikin wata jaka da ya raɗa wa suna "Dariya". Wanda ya sayi fim kuma a juye masa jakar ɗungum, gyara ce. Nata'ala bai taɓa zama ya kalli abin da yake rabawa ba.

Wata Laraba yayarsa Balkisu ta sauko daga kabu-kabu, ko gaisuwarmu ba ta amsa ba, ta miƙa masa salular maƙwabciyarta. Ɗiyar Balkisu ce a ciki, Nasiba, mai shekara goma. Wasu ƙarti a tasha sun tare ta da farantin zogala, suka ce ba za su saya ba sai ta yi rawa. Tana yi tana kuka, suna shewa, ɗaya yana ɗauka. Bidiyon ya shiga intanet, ya kai har Tibiri. 'Yan ajinsu suka riƙa kwaikwayonta, ta daina zuwa lakwal.

"Yaya, ina ta samu wanga abu?" in ji shi.

"Mijin maƙwabciyata ya kawo. Wurinka aka ba shi."

Ya buɗe jakar, ga shi nan, wata biyu yana ciki. Haushinsa ya kama ni, tausayinsa ma haka.

"Mutum nawa ka ba?" Balkisu ta tambaya.

Bai sani ba.

Da kansa ya kai ordinatar kwamisariya wurin 'yan sanda, tunda fuskokin ƙartin sun fito sarai. Yanzu kowane bidiyo sai ya kalla, in yaro ake wulaƙantawa ya goge a gaban mai katin. 'Yan kabu-kabu suka ce ya zama liman, rabinsu suka sauya shago.

Ranar Litinin ya tafi Jiratawa ya ɗauki Nasiba a babur, ya kai ta ƙofar lakwal. Shi ya ba ni labarin abin da ta ce.

"Kawu, ka goge shi?"

"Na goge."

"Na kowa da kowa?"

Ya ce mini bakinsa ya kasa yi mata ƙarya. "Nawa kaɗai," ya ce mata.

Ta rungume jakar littattafanta, ta ƙi sauka. Suka jira har aka rufe ƙofa, sannan ya mai da ta gida. Litinin huɗu ke nan yana rufe shago da safe ya tafi Jiratawa, har yanzu ba ta sauka daga babur ɗin ba.